Sunan da Inna Ba Ta Kira

Tun ranar farko na faɗa wa Ambrose cewa Hausarsa ta kasuwa ce, ya yi dariya har da tafa hannu, yana tsammanin zolaya nake yi. Ai ba zolaya ba ce. A Funtua aka haife shi, a bayan shagon uwarsa Nwamaka mai sayar da yadi kusa da tashar jirgi, kuma in ya kama ciniki da Hausa sai ka rantse ɗan Bakori ne. Amma bai taɓa kwana a tsakar gidan Bahaushe ba, bai san maganar da ake yi da baki a rufe ba. Abin da ya haɗa ni faɗa da shi ke nan, faɗan da har yau ban yi nadamarsa ba.

Ni ce Lauratu, autar Inna. Ƙauyenmu yana bayan Malumfashi, tafiyar awa guda ce a ƙafa in ba ka ɗauko kaya ba. A shekara ta 1982 mijina ya rasu, na gama takaba na kwaso komatsaina na dawo gida, na tarar Inna ta fara rikicewa. Ta dama kunu ta zuba masa gishiri. Ta ɗauki guga ta nufi rijiyar da aka cike tun ina goye. Ni kuwa yau Lauratu ce, gobe Uwa, sunan wata ƙanwarta da ta mutu ban ma san ta ba. Da la'asar sai ta tambaye ni ko Baba ya dawo daga kasuwar auduga, Baban da ya shekara goma sha ɗaya a ƙasa.

Mutanen ƙauye kuma, Allah ya shirye su, suka fara ƙus-ƙus. Wai tsohuwa tana kiran sunayen matattu, wai tsohuwa tana yawo a bayan gidajen mutane, wai ai ruwa ba ya tsami banza. Wata marar kunya har ta janye ɗanta daga hanya don Inna za ta wuce. Na bi ta har ƙofar ɗakinta na wanke ta tas, na tuna mata cewa wannan tsohuwar da take gudu ita ta yanke wa ɗan nata cibiya.

Ana cikin haka sai ga Ambrose a kan babur, da akwati biyu ɗaure a baya. Wata ƙungiyar masu kula da lafiya ce ta ba shi aikin gajerun finafinai, kowanne minti goma sha biyar, a kan tsofaffin da ƙwaƙwalwarsu ta fara zubar da kaya. Za a riƙa haska su a majigi ƙauye-ƙauye don mutane su gane ciwo ne, ba maita ba, ba aljanu ba. Ya riga ya ɗauki wani tsohon ma'aikacin jirgi a Funtua da wata mai tuyar ƙosai a Danja, yanzu kuma Inna yake neman a bar shi ya ɗauka. Da na ji kalmar nan, ba maita ba, ban tsaya neman shawarar kowa ba na ce bismillah. Yaya Labo, wanda shi ne mai gidan, ya sunkuyar da kai ya ce to, irin to ɗin nan da ke nufin ba da son raina ba.

Yaya Labo shi ne ɗan farin Inna. Labaran sunansa, haihuwar watan azumi. A lokacin ya haura hamsin, furfura ta cika masa gemu, amma ni tunda na yi wayo ban taɓa jin sunansa a bakin Inna ba. "Yayanku" take cewa, in ta ji haushinsa ta ce "wancan". Kunyar tata har ta wuce ta sauran mata, don ko kalmar labari ba ta faɗa, sai dai ta ce zance. In ta dafa abin da yake so, ɗanwake da man shanu, ba za ta miƙa masa ba, sai ta ajiye a bakin rumbu ta faɗa wa iska cewa abinci yana hucewa. Shi ma bai taɓa haɗa tabarma da ita ba. Ciwon ya kwashe mata ranakun mako, ya kwashe hanyar gona, har Fatiha ta fara yi mata gardama, amma da zarar ta ji gyaran muryar Yaya a zaure sai ta ja mayafi ta juya fuska bango. Kullum da yamma sai ya shigo ya yi gyaran muryar nan, ko ba shi da abin faɗa. Na san abin da yake zuwa dubawa, amma ban taɓa nuna masa na sani ba.

Da kaka aka yi ɗaukar, ana cikin yankan dawa. Kwana biyu Ambrose ya yi yana bin Inna da kyamara mai kuka kamar keken ɗinki, ga rikoda rataye a kafaɗa. Ya ɗauke ta tana tsince wake, ya ɗauke ta tana neman zoben da ke yatsarta, ya ɗauke ta tana ce mini Uwa. Gaskiya mutumin yana da ladabi, har ƙasa yake durƙusawa ya ce, "Mama, sannu da hutawa." Ita kuwa Inna ta ɗauka malamin auduga ne, ta yi ta yi masa faɗa wai ya cuce su a wurin awo, shi kuma yana ta ba ta haƙuri.

Rana ta biyu ya ce a kira Yaya daga gona. Ya sa shi ya zauna a tabarmar Inna. Yaya ya ɗosana a can ƙarshen tabarmar kamar wanda aka ɗora a kan ƙaya.

"Mama, wane ne wannan?" in ji Ambrose, yana nuna Yaya.

Inna ta kalli ƙasa.

"Mama, dube shi da kyau. Mene ne sunansa?"

Ta ja mayafi ta rufe gefen fuska.

"Sunansa kawai, Mama. Ki faɗa mini sunansa."

Sai ta juya gaba ɗaya ta ba su baya, ta fuskanci rumbu.

Ni ina bakin murhu na toshe baki don kada dariyata ta shiga rikoda. Sabuwa, matar Yaya, ta ruga ɗaki tana ƙyaƙyatawa. Na ga Ambrose ya sauke kyamara idonsa ya yi ja, ya fita waje ya daɗe bai dawo ba, na ce a raina hayaƙin murhu ne ya dame shi. Wallahi bai taɓa faɗo mini a rai ba cewa akwai mai jin Hausa a duniyar nan da zai ga abin nan ya kasa ganewa. Wannan laifina ne, kuma na karɓa.

Da bazara ya aiko cewa an wanko fim daga Kaduna, an ɗora masa murya, in zo in gani kafin a miƙa wa masu majigi. Na ci ado na hau mota zuwa Funtua. Da tsakar rana ne, don haka ya toshe tagogin ɗakin bayan shagon da bandir ɗin yadin uwarsa, ya kafa farin zane a bango, ya kunna injin.

Sai ga Inna a bango, ta fi ƙofa tsawo. Na ji ƙwalla ta cika mini ido, don ban taɓa lura hannayenta sun bushe haka ba. Muryar wani mutum mai santsi irin ta masu karanta labarai tana bayani: wannan ciwo ne na tsufa, ba a ɗaukarsa, ba a jifan mutum da shi, a yi haƙuri da su, a kula kada su fita su ɓata. Ina ta gyaɗa kai ina cewa madalla. Har aka zo wurin tabarma. Aka sa wani goge mai sanyi, mutumin ya ƙara sassauta murya ya ce, "Ku duba abin da wannan ciwo yake yi. Ga ɗan da ta haifa zaune kusa da ita, amma ta manta da shi. Ba ta san sunansa ba, ba ta san fuskarsa ba, har tsoronsa take ji."

"Kashe!" na ce. "Kashe abin nan kafin in kife shi!"

Ya kashe. Na fizge yadin taga haske ya shigo, don ina son in ga idonsa.

"Wa ya rubuta wannan ƙaryar?"

"Ni na rubuta, Malama Lauratu. Wace ƙarya kuma? Ai kina wurin. Sau uku na tambaye ta."

"Ka tambaye ta sau ɗari ma! Macen da ta san ciwon kanta za ta kama sunan ɗan fari a gaban jama'a? Mijinta bai ji ba har ya mutu, sai kai mai babur? Ba mantawa ta yi ba, kunya ta ji, kai kuma kana ta maimaitawa kamar mai tallar magani!"

Can ya ce, "Na san ana kunyar ɗan fari. Amma na ɗauka abin amare ne, na shekara ɗaya ko biyu. Mutumin nan ai ya yi jika."

"Ko ya yi tattaɓa-kunne!"

Hayaniyar ce ta shigo da Nwamaka, da almakashi a hannunta. Ta saurari zancen, ta dubi ɗanta sama da ƙasa, ta ce da Hausa don ni ma in ji, "Shekara talatin ina yanka wa matan garin nan yadin suna, ban taɓa jin wadda ta faɗi sunan na fari ba. Da ka tambaye ni." Ta koma shagonta.

Na ɗauka shi ke nan, ashe da saura. Ambrose ya zauna a kan akwatin injin ya ba ni labarin kakarsa. Ita ta riƙe shi a can garinsu lokacin yaƙi, ita take hana cikinta ta ba shi. Bayan sun dawo Funtua da shekaru ya koma ganin ta, ya durƙusa a gabanta, ta dube shi ta juya fuska bango ta ce wa ya bar baƙo ya shigo mata ɗaki. "Irin juyawar nan ta yi," in ji shi. "Da Mama ta juya, ita na gani."

Tausayinsa ya kama ni, ba zan ɓoye ba. Amma tausayi daban, gaskiya daban. Na ce, "Allah ya ba ka haƙuri. Sai dai kada ka ɗauko makokin kakarka ka shimfiɗa a tsakar gidanmu. Uwata ba ta manta ɗanta ba."

"Malama Lauratu, ki yi haƙuri da abin da zan faɗa. Duk gidan da na shiga haka suke cewa, namu bai manta ba, namu gajiya ce. Masu aikin sun ga fim ɗin, wurin nan ya fi taɓa su. In na koma na ce a canza, za su ce iyalin ne suke jin nauyin ciwon. Da me zan nuna musu?"

Kai, maganar nan ta ƙona mini rai. Na hango kasuwar Malumfashi cike da jama'a, surukan Yaya, 'ya'yansa, abokan nomansa, ana shelanta musu da lasifika cewa uwarsa ba ta san shi ba. Mutumin da duk abin da ya rage masa na uwa shi ne mayafin nan da ake ja in ya yi gyaran murya. Na buga ƙirji na ce, "Gani ya kori ji. Ka dawo da kyamararka. Ni da kaina zan tambaye ta a gaban shaidu. Ka ce ta faɗi kalmar labari ma kawai, in ta faɗa ka haska ƙaryarka har a Makka."

Ya ce gwangwani ɗaya na fim ya rage masa, minti uku bai cika ba. Na ce minti ɗaya ma ya ishe ni.

Sai da ya yi mako uku kafin ya zo. A tsakanin nan zazzaɓin bazara ya kayar da Inna kwana shida, ta tashi ta rame, magana ta ragu. Sau biyu Yaya ya yi gyaran murya a zaure mayafin bai motsa ba. Na gani da idona. Na ce wa kaina jikinta ne ba ƙarfi, na ce wa Yaya gyangyaɗi take yi. Mutum in ya riga ya buga ƙirji a gaban baƙo, ba ya son ganin abin da zai sa ya sauke hannu.

Ranar da zai zo na shirya gida kamar za a yi suna. Na share tsakar gida, na ɗaura wa Inna sabon kallabi, na shafa mata kwalli. Na aika aka kira maƙwabta, har da wadda ta janye ɗanta daga hanya, don ita ma ta ga cewa tsohuwar da ta raina ta fi ta sanin mutunci. Da hantsi aka shimfiɗa tabarma a wurin da aka yi na farko. Yaya ya ce shi dai a ƙyale shi, na ce yau ɗaya ne, Yaya, ka zauna. Ya zauna.

Kyamara ta fara kukanta. Na tsaya na kama ƙugu.

"Inna, wace ce wannan?" Na nuna Sabuwa.

"Mai kawo ruwa ce," in ji Inna. Mata suka yi dariya, Sabuwa ta ce ta gode.

"Ni fa, Inna?"

"Ke Uwa, ba kya gajiya da surutu?"

Aka sake dariya. Na kalli Ambrose ta gefen ido, irin kallon nan na buɗe idonka da kyau. Na nuna Yaya.

"To Inna, wancan fa? Mene ne sunansa?"

Inna ta ɗaga kai ta dube shi. Ido cikin ido, abin da ban taɓa gani ba tunda aka haife ni. Ta yi masa murmushi mai kyau, irin wanda ake yi wa baƙon arziki.

"A'a, ai Labo ne," ta ce. "Labo suke ce masa. Yaron kirki, kullum sai ya zo ya gaishe ni." Ta matsa kusa ta dafa gwiwarsa. "Labo, ɗan gidan wa ne ma kai? Uwarka tana nan da rai?"

"Ta tuna!" Maganar ta kuɓuce wa Ambrose kafin ya yi tunani. "Malama Lauratu, ta tuna suna…" Sai ya dubi fuskokin mutane, bai ƙarasa ba.

Ba wanda ya motsa. Sabuwa ta cusa bakin zane a baki. Yaya Labo ya daɗe yana kallon hannun da ke kan gwiwarsa, hannun da bai taɓa shi ba tun yana shan nono. Sannan ya ce a hankali, "Tana nan."

"To ka gaishe ta da kyau."

"Za ta ji."

Ya tashi ya ɗauki fartanyarsa ya fita, ya bar takalmansa a bakin tabarma.

Garin neman gira na rasa ido, ni Lauratu. Ni na tara jama'a, ni na zaunar da shi, ni na yi tambayar da bakina. Da an bar su, da wataƙila ya yi wata guda ko biyu yana gyaran murya yana faɗa wa kansa gyangyaɗi take yi. Na so in faɗi ƙasa in yi kururuwa. Amma na ji kyamarar nan tana ci gaba da kuka, kukan ya dawo da ni hayyacina, baƙin ciki ya koma fushi. Na nufi Ambrose.

"Abin nan da kake cusa hannu cikin baƙar jaka in za ka canza shi, me zai same shi in ya ga rana?"

Ya ja baya taki ɗaya. "Mutuwa zai yi. Malama Lauratu, tsaya ki ji. Wannan shi ne ciwon. Na farko ni ne ban gane ba, amma wannan duk Bahaushen da ya gani zai gane, ba sai an ɗora murya ba. Ba wanda zai ga wannan ya sake kiran tsohuwa mayya."

Gaskiya ya faɗa. Na san gaskiya ce tun a lokacin, kuma gaskiyarsa shi ta dama. Na ce, "Ka nemi wata uwar ka koyar da duniya da ita. Tawa ta yi shekara hamsin tana riƙe da bakinta. Ba za a nuna ta a kasuwa tsirara ba don ciwo ya kwance mata zane."

Na kama murfin kyamarar na murɗa. Bai hana ni ba, bai kuma taya ni ba. Na zaro fim ɗin kamu bayan kamu kamar mai warware zare, na kai shi igiyar shanya na rataya a tsakiyar ranar bazara, kusa da zanin Sabuwa. Ambrose ya tsaya yana kallo. Can ya buɗe rikoda da kansa ya ciro kaset ya miƙo mini da hannu biyu. Na jefa a murhu, ya yi wari.

Na juya wurin matan da na tara. "Wadda ta ji wani abu a gidan nan yau, ta haɗiye shi. Duk wadda na ji shi a bakinta, ko a rijiya ko a gidan biki, ni da ita ne, kuma kun san ni." Suka watse ba sallama. Inna tana zaune tana tambayar iska ko an ba baƙon nan ruwa.

Da Ambrose ya gama ɗaure akwatunansa sai ya tsaya a zaure yana murza makullin babur. Ya ce, "To na farkon fa? Ki yi haƙuri, amma yanzu maganar da ke cikinsa ta zama gaskiya."

"Yau ta zama gaskiya," na ce. "Ranar da ka ɗauka ƙarya ce. Hoton na ranar ne ko na yau?"

"Na ranar ne."

"To a cire muryar mutumin nan. Ni zan yi."

Ya ce masu aikin ba za su yarda ba, ba a saba sa muryar mace ba, kuma ba ni da karatu. Na ce to su dawo mini da uwata daga cikin gwangwaninsu, in ba haka ba duk garin da motar majigi ta tsaya za su same ni a gaban farin zanen ina ba jama'a nawa bayanin da bakina, kuma muryata ba ta buƙatar lasifika. Ya san zan aikata. Ban san yadda ya ƙare da su ba, amma bayan sallah ya zo ya ɗauke ni zuwa Kaduna, aka sa ni a wani ɗaki mai sanyi, aka miƙo mini takarda. Na mayar musu da abarsu. Aka haska Inna a bango, na yi magana.

Na ce wannan uwata ce. Na ce ta yanke wa rabin ƙauyenmu cibiya, yanzu ba ta san ranar kasuwa ba, ba ta san sunana ba, kuma ciwo ne, duk mai tsawon rai yana iya gamuwa da shi, wanda ya kira ta mayya Allah ya isa. Da aka zo wurin tabarma na ce, "Wannan da ke zaune a gefe ɗanta ne na fari. An ce ta faɗi sunansa. Mata, ku duba da kyau, ku kuka san abin da kuke gani." Daga nan na yi shiru, na ce kuma kada a sa goge.

Inna ta ƙara shekara ɗaya da rabi. Ta kama sunan nan kamar yaro ya samu sabon abin wasa. Labo zo, Labo kawo mini goro, Labo yaya uwar taka. Kowane kira sai ya amsa, "Na'am." Ya riƙa zama a tabarmarta yana ba ta kunu da ludayi, tana sa masa albarka tana cewa uwarsa ta iya haihuwa. Ban taɓa ganin hawayensa ba, amma gyaran murya a zaure ya daina.

An fara haska fim ɗin a Malumfashi bayan magariba, wata ranar kasuwa. Na je. Da Inna ta ja mayafi ta ba su baya sai wata tsohuwa a cikin taron ta rangaɗa guɗa, wasu suka kama, har mai injin ya leƙo ya ga ko lafiya. Na ji an ce haka aka yi a Danja, haka aka yi a Bakori. Ni sau ɗayan nan ya ishe ni.

Sabuwa ce ta tsegunta mini cewa duk ranar da aka ce motar majigi ta sauka a wani gari, Yaya sai ya tashi daga gona da wuri ya busa wa kekensa iska. In ta tambaye shi sai ya ce zai je neman irin masara. Har Funtua ya je, har ƙauyukan da ban san sunansu ba, kafin rasuwar Inna da bayanta. Waɗanda suka gan shi sun ce ba ya zama, ba ya kallon sauran finafinan. Yakan tsaya can baya riƙe da kekensa, ya jira har Inna ta ja mayafi ta ba shi baya, sannan ya hau ya kamo hanyar gida.